Ƙugiya Ɗaya

Litinin 3 ga wata, ƙarfe shida na yamma

Wannan littafin na Baba ne. A aljihun teburinsa na same shi yau da aka ce in kwashe kayansa. Shafi uku kawai ya rubuta, sai na juya ta baya na fara nawa.

Ni ba marubuci ba ne, a aji shida na tsaya. Farantin buga jarida nake gasawa a gidan jaridar Ƙararrawa: a ba ni fim ɗin shafi, in ɗora a kan faranti, in haska, in wanke, in miƙa wa Kawu Mai Inji ya buga, ƙarfe huɗu jarida ta fita. Shekara bakwai ke nan. Amma karatu a cinyar Baba na koya, yana duba rubutun jaridar da jan fensir, ina bin yatsansa.

Abin da na kwaso: jan fensir goma sha ɗaya, tabarau mai ƙafa ɗaya, kofin shayi, da gwangwanin haruffan dalma. Shekara arba'in da ɗaya, duk sun shiga leda guda.

Turare ya leƙo yana tambaya ko na gama, ana son teburin. Ɗan Marigayi mai jaridar ne, wata huɗu da dawowarsa daga karatu a waje. Mu muka sa masa Turare, don kafin ka gan shi hancinka ya gaya maka.

Ya ce, "Ya jikin tsohon?"

Na ce da sauƙi.

Ya ce, "Madalla. Ka ce masa ya huta, ai ya yi ƙoƙari."

Laraba 5 ga wata, bakwai na safe

Mun dawo da Baba gida daga asibiti. Gefen dama ba ya motsi, baki ya karkace, magana sai ka kasa kunne sosai. Hannun hagu da idanu suna nan. Inna ta mayar da gadonsa kusa da taga.

Ba zan rubuta abin da ya faru a matakalar ofis ranar da Baba ya faɗi ba. Matakala goma sha uku ce, kullum sai na hau ta sau shida. Akwai wurin da fenti ya goge a ta huɗu daga ƙasa. Tsallake ta nake yi.

Asabar 8 ga wata, biyar da rabi na yamma

Sun cire layin.

A ƙasan shafin baya, tun fitowa ta farko, akwai ɗan layi da ƙananan haruffa. Sunan Marigayi a matsayin mai jarida, sannan: "Mai suna da gyara: Ƙugiya." Haka ake kiran Baba a gari, har wasu ba su san sunansa na yanka ba. Yau da na ɗaga fim ɗin shafin baya a haske, na ga sunan Marigayi, na ga sunan Turare a ƙarƙashi. Shi ke nan.

Bari in rubuta yadda abin yake, tunda babu mai rubutawa.

Su biyu suka fara. Marigayi ya sayar da gidan da ya gada ya sayo tsohon inji. Baba ya bar aikinsa a wata maɗaba'a ya zo da hannunsa. Da suka buɗe akwatunan haruffa, ba ɓ, ba ɗ, ba ƙ. Marigayi ya ce a buga haka nan. Baba ya ce shi ba zai buga wa mutane ƙasa ta koma kasa ba. Ya zauna mako uku da magagari da ɗan wuta, yana narka dalma yana liƙa wa b da d da k ƙugiya, ɗaya bayan ɗaya. Har yau akwai tabon ƙuna a babban yatsansa. Shi ya ce a sa mata suna Ƙararrawa, don kowa ya ga Ƙ a saman shafi ya san sun iya.

An taɓa rufe jaridar wata tara. An taɓa sayar da rabinta ga wani mai shagon yadi da yake so a riƙa buga hotonsa, daga baya Marigayi ya karɓo. Gobara ta ci ɗakin takarda sau ɗaya. Duk cikin wannan layin bai taɓa motsi ba. Takarda kuwa ba su taɓa rubutawa a tsakaninsu ba. Marigayi yakan ce, "Takardar me? Kullum ina buga ta sau dubu uku."

Yanzu jaridar tana hannun Hajiya, matar Marigayi, ita kuma ta ba ɗanta makulli.

Na kai wa Baba jaridar yau na ninke ta yadda shafin baya zai shige ciki. Ya buɗe. Can ya fara dubawa.

Talata 11 ga wata, biyu na rana

Kawu Mai Inji ya shigo ɗakina yana dariya har da riƙe ciki. Ya ce, "Ɗana, ka ga abin da muka buga jiya? Wai baki uku sun kwana a asibiti. Na ce to masu bakin fa, suna gida?"

Tun da Turare ya sauya tsarin rubutun kwamfuta, ba harafi mai ƙugiya ko ɗaya. Ya ce nasa ya fi kyau a ido, irin na manyan jaridu ne. A kan wannan suka yi sa-in-sa da Baba ranar matakala. Ya ce kowa ya gane, ƙugiya ɓata lokaci ce, gyara ma kwamfuta za ta yi, kada ya sake ganin jan fensir a ginin nan. Ya faɗi wani abu kuma bayan wannan, a gaban kowa. Shi ne ba zan rubuta ba.

Kawu ya daina dariya ya ce, "Kai kuma ka yi shiru kamar an ɗinke ka. Da ni ne ɗan Ƙugiya da tuni na zuba masa tawada a kujera."

Na ce tawada tana wankuwa, Kawu.

Alhamis 13 ga wata, bakwai na yamma

Na je aski. Mai askin kan kwanarmu yana karanta wa masu jira jarida da ƙarfi kamar kullum. Na lura da wani abu. Tunda ba ƙugiya a takarda, mutane da bakinsu suke sa ta. Su ga dauke su ce ɗauke, su ga karshe su ce ƙarshe. Sun saba har sun wuce gona.

Akwai labarin wata yarinya da ta ci gasar karatu. Mai buga mana rubutu a kwamfuta, wadda muke kira Sauri, ba ta raba kalmomi, sai ta rubuta "An bata kyauta." Mai aski ya karanta, "An ɓata kyauta." Ya ɗaga almakashi ya ce, "Subhanallahi, wa ya ɓata? Yarinya ta sha wahala!" Aka yi ta tsine wa wanda ya ɓata, har aka zo kaina.

Na zauna yana aske ni, ina kallon kaina a madubi. Ban gyara masa ba.

Juma'a 14 ga wata, huɗu da rabi

An sayar da tsofaffin kundayen jaridar ga masu ƙunshin kaya, a kan sikeli, don a mai da ɗakin wurin saukar baƙi. Kundin shekarar farko kam na ɗauke shi, yana ƙarƙashin katifata.

Litinin 17 ga wata, shida na yamma

Taro a sama. Turare ya tsaya gaban allo ya ce Litinin mai zuwa Ƙararrawa ta mutu. Sabon suna Sahun Gaba. Za a yi bugu na musamman, wasu manyan mutane daga babban birni da suke son shiga jaridar za su zo, Hajiya ma za ta zo.

Kawu ya ɗaga hannu ya ce, "Ranka ya daɗe, me Ƙararrawar ta yi?"

Ya ce, "Suna ne na ƙauye. Kuma ba ya shiga kwamfuta."

Aka raba mana tarihin jaridar da za a buga a shafi na biyu. Na karanta sau uku a ɗakin faranti, da yatsa. Marigayi ya kafa ta shi kaɗai. Shi ya raɗa mata suna. Gobarar tana ciki, mai shagon yadi yana ciki, har direban farko yana ciki. A sakin layi na shida an ce, "tare da taimakon wasu maaikata."

Wasu ma'aikata.

Laraba 19 ga wata, shida na safe

Inna tana goge wa Baba baki da tsumma, ya kawar da kai don kada in gani. Na gani.

Alhamis 20 ga wata, uku na rana

Sauri ta sauko da gwajin shafin farko na ranar Litinin don in auna girmansa. Hoton Turare ya ci rabin shafi, ya harɗe hannu, yana kallon nesa. A ƙasa, da haruffa masu tsayin yatsana:

GA WANDA YA BATA SUNA

Wai shi ya ba ta sabon suna. Shi ya rubuta kanun da kansa.

Na tsaya ina kallo har Sauri ta ce, "Yaya, lafiya? Ko hoton ne ya yi duhu?" Na ce hoto lafiya lau.

A fim, fili baƙi ne, harafi ne fari. Duk inda ka karce baƙin da allura, nan zai fito a takarda. Ƙugiya ɗaya a kafaɗar B ɗin nan, ba ta kai ƙwayar shinkafa ba. Minti biyu. Bugu na musamman, kwafi dubu biyar. Bayan ni ba mai sake duba fim, tunda ya kori mai dubawa.



Juma'a 21 ga wata, biyar na yamma

Na wasa allurar Inna a kan dutse. Na gwada a tsohon fim sau arba'in. Ta ashirin da bakwai ta fi kyau, ko Baba ba zai gane ba a kwamfuta aka yi ta ba.

Asabar 22 ga wata, bakwai na yamma

Kuskure na yi da na kawo gwajin gida. So nake ya gani, ya san ɗansa ba gawa ba ne.

Na shimfiɗa masa a cinya, na sa masa tabarau. Na nuna B ɗin, na zaro allurar daga wuyan rigata na nuna masa. Na ce, "Baba, ranar Litinin garin nan kaf zai karanta gaskiya."

Ya daɗe yana kallo. Sai ya miƙa hannun hagu wajen ledar kayansa. Inna ta gane kafin ni, ta ba shi jan fensir. Da hagu, fensirin yana zamewa, ya ja ɗan layi tsaye tsakanin BA da TA, ya yi alamar rabawa a gefe. Ya fi minti biyar a kai. Gumi ya jiƙa masa wuya.

Na ce, "Baba, mutumin da ya..." Sai na kasa ƙarasawa.

Ya kama wuyan hannuna. Ban san akwai sauran wannan ƙarfin a jikinsa ba. Ya buɗe baki, kalma ɗaya ta fito sarai, ta farko tun ranar matakala.

"Kai."

Na ce ni me?

Inna ta ce, "Ba kai yake nufi ba, sakarai. Cewa yake ka kai. Ka kai musu gyaran."

Na ce, "Inna, sun cire sunansa."

Ta ce, "Sun cire. Shi kuma jaridar ce ba ta fita daga jikinsa ba. Shekara arba'in da ɗaya ina kishi da takarda, yau za ka gaya mini?"

Lahadi 23 ga wata, azahar

Zan kai. Bai ce mini ƙarfe nawa ba.

Litinin 24 ga wata, goma sha biyu da rabi

Da safe Turare yana ofis shi kaɗai, yana shan shayi, fuska a sake. Da na kai a lokacin wataƙila ya duba. Na wuce ƙofarsa sau biyu da takardar a hannu.

Na jira har baƙin suka iso. Mutum huɗu, da mai ɗaukar hoto. Yana tsaye a saman matakala yana nuna musu ginin da hannu, yana magana da wata murya da ba tasa ba. Daidai wurin da ya tsaya ranar. Sai na hau, da rigar aikina mai tabon tawada, na tsallake ta huɗu, na miƙa masa da hannu biyu.

Na ce, "Ranka ya daɗe, Baba ne ya ce a kawo. Akwai gyara a kanu."

Ya ga jan fensir. Bai karanta ba, ja kawai ya gani. Ya yi wa baƙin murmushi ya ce, "Kun ga abin da nake gaya muku? Tsohon ma'aikacinmu ne, yana kwance ma bai daina ba." Suka yi dariya. Ya juyo ya ce, "Na ce ko ban ce ba, ba na son jan fensir?"

Na ce ka ce. Na ce to a sa mini hannu, don in gasa faranti.

Ya zaro biro ya rubuta a kan gyaran Baba, "A buga yadda yake," ya sa hannu mai ƙaton wutsiya.

Na sauko. Na rufe ɗakin faranti. Na ɗora fim a kan gilashin haske, na zaro allura, na kai bakinta kafaɗar B.

Na tuna mai aski da "An ɓata kyauta" ɗinsa. Na mayar da allurar wuyan rigata. Na gasa farantin yadda yake, harafi da harafi, kamar yadda mai gida ya sa hannu. Takardar kuma na ninke ta huɗu, tana aljihuna.

Litinin ɗin dai, bakwai na yamma

Da ƙafa na dawo, ta doguwar hanya, don in ji.

A tasha mai sayar da jarida yana ɗaga ta sama yana ihu, "Ga wanda ya ɓata suna! Da hotonsa! Su da kansu suka faɗa!" Kafin biyar ta ƙare a hannunsa. Wajen mai aski an manna shafin a jikin madubi. Ya ce mini, "Kai, gidanku akwai gaskiya. Yaro ya ɓata sunan ubansa kuma ya yarda a buga!" Wani tela ya ce ai tuba ce yake yi.

Kawu ya ce ɗaya daga cikin baƙin ya karanta a wurin cin abinci, ya karanta kuma, ya tambayi Turare a hankali ko da gangan ne. Ba su tsaya jawabi ba.

Na zaci zan ji daɗi fiye da haka. Na ji, amma. Na ji.

Baba ya karɓi jaridar, ya ga kanun, ya kalle ni. Na ce na kai, wallahi na kai, ga sa hannunsa. Ya kalli takardar, ya sake kallona, irin kallon da yake wa shafi idan ya san akwai kuskure bai gano inda yake ba tukuna. Ya juya fuska bango.

Talata 25 ga wata, goma na safe

Turare ya ce ni na yi. Ya sa aka kawo fim da faranti, ya duba da gilashin ƙara girma, yana neman ƙugiya. Na riƙe masa fitila.

Laraba 26 ga wata, shida na yamma

Hajiya ta zo ofis. Ranar Litinin ba ta samu zuwa ba, rabonta da shi tun rasuwar Marigayi. Ta zauna a kujerar ɗanta, shi yana tsaye. Ta sa aka kira ni. Na hau da abu biyu a leda.

Ta ce, "Kai ne ɗan Ƙugiya? Na ɗauke ka kana jariri ka yi mini fitsari a zane. An ce kai ka tozarta mu."

Na buɗe takardar na ajiye. Ta sa tabarau. Ta ga ɗan jan layin da ya karkace, ta ga rubutun da aka yi a kansa. Ta ce, "Da wane hannu ya yi wannan?" Na ce da hagu.

Na ajiye kundin shekarar farko, na buɗe shafin baya na fitowa ta ɗaya. Ta bi layin da yatsa. Ta ce, "A ina ka samo?" Na ce a kan sikeli.

Turare ya fara, "Mama, wannan duk tsohon..." Ta ɗaga hannu ba ta ko kalle shi ba.

Ta kira Sauri ta ce ta rubuta gyara na shafin farko: ba ɓata aka yi nufi ba, ba ta aka yi nufi. Sauri ta buga, ta tsaya, ta ce, "Hajiya, ba zai yiwu ba. Babu ɓ a kwamfutar. Zai fito ba bata ba ne, ba ta ne."

Kawu, da yake bakin ƙofa, ya yi tari mai tsawo.

Hajiya ta ce, "Duk ginin nan babu ɓ ko ɗaya?"

Na ce akwai a gwangwani.

Ta ce a nemo, kuma layin shafin baya ya koma yadda ta san shi. Sunan jaridar da kujerar ɗanta ba ta taɓa su ba. Ɗanta ne.

Alhamis 27 ga wata, biyu na rana

Na zaɓi ɓ ɗaya daga na Baba, har da alamar magagari a gefenta. Na shafa mata tawada, na danna a farar takarda, aka ɗauka aka sa a gyaran. Ta ɗan fi sauran haruffan kauri. Ta tsaya a tsakiyarsu kamar tsohuwa a cikin 'yan makaranta.

Da fim ɗin shafin baya ya sauko, na ɗaga a haske. Layin ya dawo. "Mai suna da gyara: Kugiya."

Ba wanda na tambaya. Na rufe ƙofa, na zaro allurar.

Alhamis ɗin dai, shida da rabi na yamma

Ban ninke ta ba yau. Baba ya fara da shafin farko, ya ga ɓ ɗinsa, ya taɓa ta da babban yatsa mai tabo. Ya juya baya. Yatsan ya bi layin a hankali ya tsaya a kan Ƙ. Ya matso da takardar har ta kusa taɓa tabarau. Inna ta daina abin da take yi.

Ya miƙa hannu. Na ba shi jan fensir. Ya zagaye ƙugiyata.

Ya ce, "Ta... karkace."

Inna ta fashe da dariya har da hawaye, ta ce, "Ka ji ko? Kalma biyu!"

Na ce gobe zan miƙe ta, Baba. Bai saki wuyan hannuna ba sai da shayinsa ya huce.

Kullum sai an yi sabon fim na shafin baya, kullum kuma ta hannuna zai bi. Allurar tana wuyan rigata. Saman shafin farko har yanzu ba sunan da Baba ya raɗa ba ne, kuma har yanzu ina tsallake ta huɗu daga ƙasa.

Mako uku Baba ya yi a kan haruffa uku. Ni ɗansa ne.